Kukan Mai Gona: Daga Zauren Sarki Zuwa Hukumar Karɓar Koke-Koke

Ya mai karatu, in ka taɓa buɗe kundin tsarin mulkin Nijeriya na 1999 ka leƙa can wajen ƙarshensa, sashe na 315, ƙaramin sashe na 5, za ka tarar da wasu dokoki guda huɗu da sojoji suka bari, waɗanda aka ce ba mai soke su ko ya yi masu kwaskwarima sai ta doguwar hanyar nan da ake bi wajen gyara shi kansa kundin. Akwai dokar yi wa ƙasa hidima, akwai ta hukumomin leƙen asiri, sai kuma guda biyun da suka sa na ɗauki alƙalami a yau, wato dokar Hukumar Karɓar Koke-koken Jama'a ta 1975 da kuma Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978. Manomin Jahun ko na Aujara ko na Harbo da aka wayi gari wani ya zaro takarda mai hatimi ya ce gonar ubansa ta zama tasa, a tsakanin waɗannan dokoki biyu yake tsaye, ko ya san da zamansu ko bai sani ba. Ta biyun ce ta ba takardar nan ƙarfi, ta farkon kuma ita aka kafa domin ta saurari kukansa. Abin da nake son mu bi diddigi shi ne yadda aka yi takardar ta fi mai sauraren kukan ƙarfi.

Kafin zuwan Turawa ƙasar Jahun tana ƙarƙashin Sarkin Kano ne, kuma haka ta ci gaba da zama har cikin zamaninmu. A wancan lokaci rajistar gona tana cikin kawunan mutane. Mutum yana samun gona ta hanyar gado, ko saran daji da izinin dagaci, ko kyauta, ko aro, ko jingina, a inda ƙasa ta yi wuya kuma har da saye. Iyaka kuwa layin gamba ce, ko wata kuka, ko tsamiya, ko hanyar shanu. In gardama ta tashi sai mai unguwa ya tara maƙwabtan gonar na gabas da yamma, kudu da arewa, a kira dattijon da ya ga ranar da aka sare wurin, a taka a nuna. Ko an je gaban alƙali abin da zai fara nema shi ne shaidu adalai, takarda kuwa sai an sami wanda ya shaide ta. Malaman Malikiyya kuma suna da hukuncin hauzi: wanda ya shekara goma yana noma wuri, mai da'awa yana gari yana gani bai ce uffan ba alhali ba abin da ya hana shi, to ba za a saurare shi ba. In kuwa tsakanin 'yan uwa ne sai a tsawaita wa'adin har shekara arba'in, saboda an san kara da kunya kan rufe wa mutum baki. Ka riƙe wannan lissafi na shekaru, za mu buƙace shi a gaba.

To amma idan wanda ya ci gonar shi ne dagacin, ko jakadan hakimi, ko wani bafade da alƙali ba ya iya ɗaga ido ya dube shi fa? Musulunci ya daɗe da tanadar wa wannan matsala ofishinta, wanda ake kira wilayatul mazalim, wato kujerar mayar da zalunci. Imam Mawardi, wanda ya rasu a Bagadaza a 1058, ya ware mata babi guda a littafinsa Ahkamus Sulɗaniyya, kuma duk wanda ya karanta babin sai ya riƙe baki, domin kamar yana kallon ofisoshin filayenmu na yau ne. A cikin ayyukan da ya lissafa wa mai wannan kujera har da bin littattafan magatakardan gwamnati a ga ko sun ƙara ko sun rage, da mayar wa mutane dukiyar da masu mulki ko masu ƙarfi suka ƙwace, kuma wasu daga cikin waɗannan ba sai an kawo ƙara ba, shi da kansa zai tono. Har ma ya yi bayanin yadda za a yi da wanda ya musanta rubutun hannunsa: a sa shi ya yi ta rubutu mai yawa yadda ba zai iya ci gaba da sauya hannu ba, sannan a gwada da takardar da ake gardama a kanta. Muhimmin abu a nan shi ne mai wannan kujera yana haɗa natsuwar alƙali da kwarjinin sarki, in ya yanke hukunci yana da hannun da zai zartar.

Wannan ilimi bai tsaya a Bagadaza ba. Shehu Magili, wanda ya sauka Kano a zamanin Sarki Muhammadu Rumfa (1463 zuwa 1499), ya rubuta masa nasiha inda ya yi ta nanata haɗarin sarki ya shige gida ya rufe ƙofa ga talakawansa, ya kuma nemi ya riƙa bin sawun ma'aikatansa. Bayan shekara ɗari uku Malam Abdullahi ɗan Fodiyo ya rubuta wa jama'ar Kano Liya'ul Hukkami a kan tsarin mulki da shari'a, yana kuma da wani ɗan littafi na musamman, Ta'alimur Radi, a kan hanyoyin da mutum ke mallakar ƙasar da ba ta kowa ba. Saboda haka a ƙa'ida ƙofar Sarkin Kano a buɗe take ga mutumin Jahun. A aikace kuwa tafiya ce ta kwanaki a ƙasa ko a kan jaki, sannan in ya isa birni sai ya sami wanda zai yi masa iso, wanda sau da yawa yaron gidan wanda ya zo ƙara ne.

Turawa sun ci Kano a watan Fabrairu na 1903, suka naɗa Sarki Abbas. Wajen 1907 zuwa 1908 Razdan Cargill, wanda Kanawa suka laƙaba wa Mai Gunduma, ya yanka ƙasar gunduma-gunduma, aka umarci hakimai su bar birni su koma su zauna a cikin talakawansu. Wannan ya kawo hukuma kusa da ƙauye, da alherinta da sharrinta. Shari'ar ƙasa dai ta ci gaba da zama a hannun Sarki da majalisarsa. Allah Ya sa littattafan wannan majalisa na 1913 da 1914, waɗanda aka rubuta da Larabci, sun tsira, har wani masani Ba'amurke, Allan Christelow, ya fassara zaɓaɓɓu daga ciki ya buga a 1994. A cikinsu za ka ga talakawa, maza da mata, suna kawo ƙarar gona da gida, ana kiran shaidu, Sarki yana yanke hukunci a taƙaice, magatakarda yana rubutawa a layi kaɗan. Duk abin da za a ce game da wancan zamani, wanda ya yi nasara a zauren nan yana komawa gida da hukuncin da ba dagacin da ya isa ya take.

A daidai wannan lokaci ne takarda ta fara shiga gona. Gwamna Girouard ya sa aka kafa wani kwamiti da ya zauna a Landan a 1908 a kan ƙasar Arewa, daga rahotonsa aka yi dokar 1910, aka sake ta a 1916, wadda ta ce dukkan ƙasar tana ƙarƙashin ikon Gwamna, yana riƙe da ita domin amfanin 'yan ƙasa. Daga nan satifiket ɗin zama a fili ya samo asali, sai dai a farko na kamfanonin Turawa ne da baƙi, manomi ba ruwansa da shi. Abin da ya taɓa manomi shi ne taki. Tun wajen 1909 aka fara aika malamai gundumomin da ke kewaye da birnin Kano suna auna gonaki da takun ƙafa, su rubuta sunan mai gona da faɗinta, a yanka masa haraji gwargwadon haka. Ai kuwa ba a daɗe ba rahotannin su kansu Turawan suka cika da ƙorafi a kan malaman taki: wanda ya ba da goro sai gonarsa ta tsuke a littafi, wanda ya hana sai ta yi faɗi, ga shi kuma mutum ya mutu ko ya sayar amma sunansa na nan. Masanin tarihi Steven Pierce ya bi wannan labari filla-filla a littafinsa na 2005 a kan manoman Kano da hukumar mulkin mallaka. Ko a inda ma'aunin taki bai kai ba, akwai littafin haraji a hannun dagaci da malamin hakimi. Darasin da talaka ya koya tun daga ranar farko shi ne abin da ke cikin littafin hukuma yana iya saɓa wa abin da ke ƙasa, kuma mai alƙalami ne ke da ta cewa.

Raunin zauren Sarki kuwa a fili yake: mai sauraren ƙarar shi ne shugaban waɗanda ake ƙara, kuma ba wanda ke bisansa sai Razdan. Hannun da ke iya mayar wa maraya gonarsa da kalma ɗaya, shi ne kuma ke iya hana dubbai da kalma ɗaya. A shekarun 1920 Sarkin Kano Usman ya hana mata gadon gida da gona, aka zauna a haka har sai da Sarki Sanusi ya ɗage hanin a 1954. Ka tuna yawan gonakin da suka sauya hannu a cikin waɗannan shekaru talatin a ƙauyukan Kano, har da na gabas. A watan Agusta na 1950 Malam Abubakar Tafawa Ɓalewa ya miƙe a majalisar Kaduna ya nemi a yi wa mulkin En'e garambawul, a watan nan ne kuma aka kafa jam'iyyar NEPU a Kano, wadda rabin wa'azinta a kan zaluncin hakimai da dagatai ne. A 1963 binciken Muffett a kan kuɗin En'en Kano ya kai ga murabus ɗin Sarki Sanusi da tafiyarsa Azare. Da sojoji suka zo sai suka gama aikin: a 1968 aka karɓe kotuna daga hannun En'e aka mai da su kotunan yanki na gwamnatin jiha, aka rufe kotunan sarakuna, 'yan doka ma aka haɗe su da 'yan sandan tarayya. Mutane da yawa sun yi murna, kuma suna da hujja. Sai dai an rushe tsohuwar kujerar mazalim ba a kafa wata a gurbinta ba.

Wadda aka kawo daga baya daga ƙetare aka aro ta. Ƙasar Suwidin ce ta fara kafa wani jami'i a 1809 da majalisa ke naɗawa domin ya karɓi kukan jama'a a kan ma'aikatan gwamnati, suna kiransa ombudusman, wato wakili. Danmak ta ɗauka a 1955, Ingila a 1967, a Afirka kuma Tanzaniya ta Nyerere ce ta riga kowa a 1966. A nan gida Jihar Tsakiyar Arewa, wadda ta zama Kaduna, ta buɗe ofishin karɓar koke-koke a 1974, a shekarar da kwamitin Udoji ya ba da shawarar a yi na ƙasa baki ɗaya. Janar Murtala ya hau mulki ranar 29 ga Yuli 1975, ya kori ma'aikata sama da dubu goma, a watan Oktoba kuma ya sa hannu a dokar soja mai lamba 31 wadda ta kafa Hukumar Karɓar Koke-koken Jama'a. Wanda aka fara ba shugabancinta shi ne Alhaji Yusuf Maitama Sule, Ɗanmasanin Kano, kuma in ana neman mutumin da manya ke jin kunyarsa, talaka kuma ke jin daɗin maganarsa, to an dace. Bai daɗe ba siyasa ta kira shi, ya tafi neman takarar shugaban ƙasa a NPN, inda Alhaji Shehu Shagari ya yi nasara.

A takarda ikon hukumar ba kaɗan ba ne. Akwai babban kwamishina a tarayya da kwamishina a kowace jiha, a yanzu Majalisar Tarayya ce ke naɗa su na shekara uku, ana iya sabuntawa sau ɗaya. Kwamishina na iya bincikar duk wata ma'aikata ta tarayya ko ta jiha ko ta ƙaramar hukuma, da hukumomin gwamnati, har da kamfanoni masu rajista, ko an kawo ƙara ko shi ya ga dama. Yana iya shiga ofis ya ce a ɗauko masa fayil, yana iya kiran mutum ya zo ya ba da shaida, wanda ya rubuta wa takarda kuma wajibi ne ya amsa cikin kwana talatin. Abin da yake nema shi ne aikin da ya saɓa doka, ko aka yi shi bisa son rai, ko danniya, ko aka ƙi yi wa mutum bayani. Har yadda ake tafiyar da ofishin kotu yana iya dubawa, kamar a ce fayil ya yi ɓatan dabo a hannun rajistara. Ba a biyan ko kwabo, ba a bukatar lauya.

Shekara uku bayan haka, ranar 29 ga Maris 1978, gwamnatin Janar Obasanjo ta fito da Dokar Amfani da Ƙasa. Ga mutanen Kudu sabon abu ne, ga Arewa kuwa jikar dokar 1910 ce ta hanyar dokar ƙasa ta Jihar Arewa ta 1962. Ta danƙa dukkan ƙasar jiha a hannun Gwamna a matsayin amana. Filayen birni shi ke ba da su, kuma shi ke da ikon cewa daga nan zuwa nan birni ne. Na karkara ƙaramar hukuma ke bayarwa, har hekta 500 don noma ko 5,000 don kiwo ba tare da ta nemi izninsa ba. Manomin da dokar ta tarar yana noma gonarsa an ce ya ci gaba kamar an ba shi, in ya so ya kai zanen wurin a yi masa rajista, amma nawa ne suka ji wannan, balle su je? Sayarwa ko jinginarwa sai da amincewar hukuma. Gwamna na iya karɓe wuri domin amfanin jama'a, diyyar da za a biya kuwa ta abin da ke kan ƙasar ce, kamar gini da shuka da itatuwa. Ba a ba hakimi ko dagaci wani matsayi ba a cikin dokar, amma har gobe ba a cinikin gona a ƙauye sai da sa hannun mai unguwa da hatimin dagaci. Ka ga an sami rajista iri biyu ke nan, ta zaure wadda kowa ya sani amma doka ba ta ambace ta ba, da ta ofis wadda doka ta sani amma mutanen gari ba su taɓa ganin cikinta ba. A tsakanin biyun nan ne ɗan damfara ya gina rumfarsa.

Mu ƙaddara wani misali irin wanda duk mai zama kusa da kotun ƙauye ya saba ji. Magidanci ya rasu ya bar 'ya'ya ƙanana da gona a bakin titin da ya tashi daga Kiyawa ya ratsa Jahun ya nufi Gujungu. Aka ba wani ɗan uwa aron gonar kafin yara su tasa. Shekaru suka wuce, gari ya matso, gonar gero ta zama wurin da za a yanka fulotai ko a kafa gidan mai. Ran da babban ɗan ya dawo daga cirani ya ce a raba gado, sai a nuna masa takardar ciniki mai kwanan wata na shekara goma sha biyar baya, da dangwalen yatsan da aka ce na mahaifinsa ne, da sunayen shaidu biyu waɗanda duk suna kushewa. A kan wannan takarda wani ma'aikaci ya buɗe fayil, aka yi safiyo, aka kafa duwatsu, aka fitar da takardar mallaka, mai yiwuwa ma har an sayar wa mutum na uku da bai san hawa ba bai san sauka ba. Kowace takarda a cikin jerin nan ta gaskiya ce, ban da ta farkon.

Yaron nan ya ji a rediyo cewa akwai hukuma a Dutse mai share hawaye kyauta, ya hau mota ya tafi. A nan zai ci karo da sashe na 6 na dokar, inda aka jera abubuwan da kwamishina ba zai taɓa ba. Ba ya duba abin da aka kawo bayan wata goma sha biyu da aikata shi. To ita takardar jabu ai ba a yin ta don a nuna a shekarar, ajiye ta ake yi sai shaidu sun ƙare. Fiƙihun da ya ba ɗan uwa shekara arba'in saboda ya san halin zumunci, ga dokar zamani ta ba shi shekara ɗaya. Ba ya duba abin da mai ƙara bai gama bin sauran hanyoyin doka da na ofis a kansa ba, alhali rashin ƙarfin bin hanyoyin nan ne ya kawo shi. Ba ya duba abin da ke gaban kotu, saboda haka abokin gaba mai wayo yana jin an doshi hukumar sai ya riga shi shigar da ƙara, a yi ta ɗage zama. Sannan shi ɗan uwan da ya ƙirƙiri takardar ba ma'aikaci ba ne, hukumar ba ta da hurumi a kansa, sai dai a kan wanda ya buɗe fayil. In an tsallake duk wannan, kwamishina ya gano gaskiya ƙuru-ƙuru, abin da sashe na 7 ya ba shi shi ne ya ba da shawara: a sake duba lamarin, a gyara ko a soke matakin, a ladabtar da ma'aikaci, in kuma ya ga alamar laifi ya miƙa wa masu gurfanarwa. Ba ya soke takardar mallaka, ba ya cewa gona ta wane ce. Wanda ya yi kunnen uwar shegu da kiransa kuwa, hukuncin da ke cikin kundin dokokin tarayya na 2004 shi ne tarar Naira 500 ko ɗaurin wata shida. A 1975, lokacin da Naira ta fi Dalar Amurka daraja, wannan kuɗi ne mai sa gumi. Yau ba ya sayen kwanon gero.

Kada a ɗauka ina cewa kyanwar Lami ce gaba ɗaya. Wasiƙa mai tambarin tarayya tana sa fayil ɗin da ya ɓata ya bayyana, kuma ɗimbin 'yan fansho da waɗanda aka riƙe wa diyya sun sami haƙƙinsu ta wannan hanya, domin yawancin ma'aikata ba sa son sunansu ya shiga rahoto. Inda ta dace ke nan, wato sakaci da jan ƙafa. Jabu kuwa laifi ne da aka shirya da gangan, maganinsa yana kotu. Dokar finalkod ta Arewa da ta fara aiki a 1960 ta tanadi ɗaurin da ya kai shekara goma sha huɗu ga mai ƙirƙirar takarda, Kotun Ƙoli kuma ta yanke a shari'ar Ogunleye da Oni a 1990 cewa satifiket ɗin Gwamna ba ya wanke asalin da ba shi da kyau, in wani ya tabbatar ya riga ka haƙƙi a wurin to takardarka ba ta da amfani. Hukunci ne mai daɗin ji, ga wanda ke da kuɗin lauya da haƙurin shekaru. Kwamitin gyaran harkar ƙasa da marigayi Shugaba Umaru Musa 'Yar'aduwa ya kafa a 2009 a ƙarƙashin Farfesa Akin Mabogunje ya yi ta faɗin cewa ƙasar da ke da rajista a Nijeriya ba ta kai kashi uku cikin ɗari ba, ka ga ke nan a mafi yawan wurare wanda ya fara kai takarda ofis shi ne ya rubuta tarihin gonar. Maƙwabtanmu na Nijar sun bi wata hanya da dokar karkara ta 1993, inda aka kafa kwamitocin ƙasa har zuwa matakin ƙauye, mai gari yana shugabanta, ana rubuta ciniki da kyauta da aro da jingina a gaban jama'a a ajiye kwafi. Su ma ba su rabu da rigima ba, amma aƙalla sun yi ƙoƙarin ɗinke rajistar zaure da ta ofis.

Ranar 27 ga Agusta 1991 Janar Babangida ya ƙirƙiro Jihar Jigawa, Dutse ta zama babban birni, Jahun kuma ta koma ƙarƙashin masarautar Dutse tare da Kiyawa da Miga da Birnin Kudu da Buji da Gwaram. Tafiyar kwanaki zuwa Kano ta koma ta awa ɗaya ko biyu a mota, amma darajar ƙasa ta tashi, masu sha'awarta kuma suka ƙaru. An ga haka a fili wajen 2016 da 2017, lokacin da gwamnatin Badaru ta ware wa kamfanin Lee hekta 12,000 domin noman rake a yankin Gagarawa da maƙwabtanta, manoma da yawa suka ce ba su yarda ba. A irin wannan ba maganar jabu ake ba, doka ce da kanta ta ba Gwamna wuƙa da nama, kuma ba abin da kwamishinan koke zai iya yi illa ya duba ko an bi ƙa'ida wajen biyan diyya.

Ganin gazawar ta tarayya ya sa jihohi suka fara kafa nasu masu haƙora. Kano ta fara a 2005 a zamanin Malam Ibrahim Shekarau, aka yi mata doka a 2008, aka haɗa mata karɓar koke da yaƙi da cin hanci, tana da 'yan sanda a ofishinta, tana kamawa tana kai wa kotu, kuma rigingimun filaye da gado na cikin abin da ya fi cika mata tebur. Jigawa ta bi sahu, inda tata hukumar ta kama aiki a 2024 bayan Gwamna Umar Namadi ya naɗa mata shugabanni. Wannan ya fi kusa da abin da Mawardi ya siffanta, mai sauraren kuka wanda ke da hannun zartarwa. Sai dai tsohuwar matsalar zauren Sarki ta biyo shi, domin Gwamna ne ke zaɓo shugaban hukumar, shi ne kuma dokar 1978 ta danƙa wa ƙasar jihar tun daga Gwaram har Maigatari, kuma da sunansa ake sa hannu a kowane satifiket. A Kano an ga yadda abin ke kasancewa: a 2021, zamanin Gwamna Ganduje, aka dakatar da shugaban hukumar, Barista Muhuyi Magaji Rimingado, bai koma kujerarsa ba sai a 2023, bayan gwamnati ta sauya hannu.